Hannun Mijin Talatu

Alhamis, 3 ga Rajab 1300, bayan La'asar

Da sunan Allah. Ni Safiyatu 'yar Malam Armaya'u nake rubuta wannan a Karare, a gidan yayana Yero, a kan ragowar takardun mahaifinmu. Kwana biyu ke nan da barowarmu garinmu Tsaskiya, ranar da mahara suka faɗa mata. Ba zan rubuta yadda muka baro ta ba. Wanda ya gani ya gani, wanda bai gani ba ya gode wa Allah.

Mu uku muka iso daga gidanmu: ni, da surukata Talatu, da mijinta. Mijin Talatu ɗan farina ne. Shekara ashirin da tara ban kira sunansa ba, ban zauna tabarma ɗaya da shi ba, in ina da magana sai in faɗa wa wani ya kai masa. Haka uwarmu ta yi da Yaya Yero, ita ma haka ta tarar. Ba a takarda zan fara rashin kunya ba.

Hannunsa na dama ya karye, tsakanin gwiwar hannu da wuyan hannu. Yau da hantsi Yaya Yero ya aika ƙauyen Yasore aka zo da Baƙo maɗori. Bamaguje ne, dariyarsa ta fi ƙarfin zaure, amma an ce tun daga kakansa ƙashi yake jin maganar gidansu. Ya ja hannun ya daidaita, ya shafa man shanu, ya kewaye shi da tsagaggen kara saƙaƙƙe kamar ƙaramin asabari, ya ɗaure. Mijin Talatu bai yi ƙara ba. Na ji daɗin haka, ban nuna ba.

Da Baƙo ya gama ya ce, "To, nawa aikin ya ƙare, saura naku. Kwana arba'in wanga hannu yana rataye a ƙirji. Ku samo ƙyalle mai faɗi, ya tallafe tun daga gwiwa har tafi. Yatsu su fi gwiwa tudu. A bar kan yatsun a waje ku riƙa dubawa, in sun yi sanyi ko sun kumbura ku aiko mini. Ƙulli a gefen wuya, ba a ƙeya ba. Ko ludayi kada ya ɗauka da shi."

Ya ce in ƙashin ya goce zai iya sake ɗori sau ɗaya. In ya kuma gocewa, sai dai mai hannun ya yi sallama da hauya har abada. Mijin Talatu manomi ne, ba shi da wata sana'a, mu kuma ba mu da wani namiji.

A ji ɗaya na haddace sharuɗɗan duka. Ba wani abu ba ne ga wadda ta haddace abin da na haddace. Hannun zai warke, in Allah ya yarda, don ni ce a kansa.

Da tufafin jikinmu muka fito, saboda haka Talatu ta yago tsiri daga tsohon rawanin Yaya Yero aka rataye da shi. Bai kai faɗin da aka ce ba. Littattafan mahaifina kuwa suna nan lafiya, a naɗe cikin abin da na saba naɗe su. Ko takarda ɗaya ba ta ɓata ba.

Jumma'a, 4 ga Rajab, bayan Asuba

Ba labari daga Tsaskiya.

Asabar, 5 ga Rajab, da hantsi

Gidan nan ya cika. Zaure maƙil da mazan da suka gudo, don haka aka yi wa mijin Talatu shimfiɗa a rumfar tsakar gida, daura da ƙofar ɗakin da aka ba ni. Taku biyar ne tsakani. Duk abin da yake yi a kan idona ne, duk da ba kallonsa nake ba.

Da safe na ga ƙullin yana ƙeya, hannun ya sauko har cibiya. Na kira Talatu.

"Gaya wa mijinki yatsu sama da gwiwa aka ce."

"To, Inna."

"Ƙullin kuma wa ya ce ki kai shi ƙeya? Kunnenki yana ina lokacin da ake magana?"

"Zamewa yake yi, Inna. Tsirin ba shi da faɗi."

"Hankalinki ne ba shi da faɗi. Je ki gyara."

Hansai matar Yaya Yero tana tankaɗe a gefe. Ita tun ranar da aka kawo ta gidan nan bakinta bai huta a kaina ba, wai ni ƙanwar miji ce, abokiyar wasanta. Ta ce, "Malama uwar hukunci, ke da kika haddace, ai sai ki tashi ki ɗaura da kanki. Ko taku biyar ɗin rafi ne?"

Na ce, "Hansai, furfura ta fito miki, ki kama girmanki."

Ta ce, "Na kama, ya kuɓuce."

Mata irin Hansai su ne ke sa yara su raina al'ada.

Litinin, 7 ga Rajab, bayan Azahar

Yau na ga abin da ya faranta mini rai. Liman da dattawan Karare sun shigo jaje. Da Liman ya miƙa hannu, sai mijin Talatu ya zare damansa daga rataya, a hankali, ya yi musafaha da shi, sannan da sauran su shida, ɗaya bayan ɗaya. Gumi na zubo masa, amma bai miƙa wa babba hagu ba. Da aka kawo tuwo ma da dama ya ci.

Na san Baƙo ya ce ko ludayi. Amma gaisuwa ba kaya ba ce, loma kuma ba ta kai ludayi nauyi ba. Samarin yanzu ƙaya kaɗai za ta soke su su manta da ladabi. Nawa ƙashinsa ne ya karye, tarbiyyarsa tana nan.

Laraba, 9 ga Rajab, kafin Magariba

An hango hayaƙi ta yamma. An ƙara ƙaya a kafi, shingen da ya kewaye gari, an ce kada kowa ya fita itace shi kaɗai. Maƙwabciyata Fanta har yau ba a gan ta ba, ita da 'yarta.

Matan da suka gudo suna yini koke-koke. Na tara su na koya musu taimama da hukuncin sallar matafiyi, don kuka ba ya rage farilla.

Ina cikin ɗaki na ji masu daka suna cewa da tsohuwa ba ta koma cikin gida ba ranar nan, da ɗanta bai bi ta ba, da hannunsa lafiya lau. Da na fito suka sauya zance. Ba wauta ce ta mayar da ni ba.

Jumma'a, 11 ga Rajab, da hantsi

Ruwan fari ya sauka. Maza sun fita shuka a gonakin da ke jikin kafi, wasu na shuka wasu na gadi. Yaya Yero ya yanka mana wani gefe na gonarsa, Talatu ta bi mata ta zuba iri. Mijinta ya tsaya a bakin ƙofar gari har rana ta take, yana kallo.

Ina jin numfashinsa in ya dafa ƙasa a sujada. Da hannu biyu yake dafawa.

Litinin, 14 ga Rajab, bayan La'asar

Yatsunsa sun kumbura, sun yi duhu. Wuyansa ya saluɓe inda tsirin ke ci. Na faɗa wa Talatu laifinta ne, sau nawa zan ce yatsu sama da gwiwa. Hawaye ya zubo mata. An aika Yasore.

Talata, 15 ga Rajab, bayan Azahar

Ƙashin ya goce.

Baƙo ya kwance karan, ya shafa da babban yatsa, ya ɗago kai bai yi dariya ba. Maza biyu suka riƙe. Ya sake ja. Wannan karon mijin Talatu ya yi ƙara. Ina riƙe da tasbaha, igiyarta ta tsinke, ban san lokacin da na ja ta ba.

Da aka ɗaure, Baƙo ya zauna a turmi ya ce, "To, ku gaya mini gaskiya. Mi yake yi da wanga hannu? Kokawa?"

Ya dubi Talatu. "Amarya, ke ce mai kawo tuwo."

Talatu ta sunkuyar da kai. "Da shi yake ci, Baba. Da shi yake gaisawa. Da shi yake dafa ƙasa."

"Ina hagunsa? Ita ma an gudu da ita?"

Nan Hansai ta buɗe bakin nan nata. Ta ce ai bahago aka haife shi. Ta ce yana ɗan shekara shida, aka kawo shi daga wurin kakarsa da ke riƙonsa, ya ɗebi tuwo da hagu a gaban baƙin Malam Armaya'u, uwarsa ta sa aka ɗaure masa hagun a ƙugu da igiyar rama, kwana arba'in. "Tun daga ranar," in ji ta, "ko ƙuda ya sauka masa a hanci, in uwar na kusa, da dama yake kora."

Baƙo ya juyo wajena. "Malama, ashe ke ma maɗoriya ce. Naki ɗorin ya fi nawa kamawa."

Na ce, "Ni ɗa na gyara. Kai yi aikinka."

Ya ce, "Na yi, sau biyu, ba na uku. Ni ban iya karatu ba, Malama. Amma akuyata da ta karye bara da ƙafa uku ta yi ta yawo har ta warke, ba ta jira izinin kowa ba. Wanga kuwa izini yake jira, kuma ba nawa ba ne." Ya ɗaga tsirin rawanin da yatsa biyu kamar mataccen ɓera. "Wannan kuma na ce mai faɗi. Duk gidan malamai a rasa ƙyalle?"

Mijin Talatu yana kwance, fuskarsa na kallon zana. Kwana arba'in ɗin sun koma farko.

Laraba, 16 ga Rajab, bayan Asuba

Ban yi kuskure ba. Ina ɗaki ina leƙe ranar da ya ɗebi tuwon nan, na ga yadda baƙin suka dubi juna. Jikan Malam Armaya'u guda yana ci da hannun tsarki. Da na bar shi, da har yau ana nuna shi a kasuwa. Ban doke shi ba. Ban ma taɓa shi ba, kakarsa na sa ta ɗaure. Na gyara shi, kuma ya gyaru.

Ban yi kuskure ba.

Alhamis, 17 ga Rajab, da Magariba

Bai ci ba. Yadda Talatu ta kai akushin haka ta dawo da shi.

Jumma'a, 18 ga Rajab, bayan La'asar

Na san hukuncin, ni na sha koya wa mata shi. Mai karaya yana shafa a kan ɗauri in zai yi alwala, yana sujada gwargwadon ikonsa, yana ci da hannun da Allah ya bar masa. Ba laifi a kansa. Na kira Talatu na jera mata duka, na ce ta kai masa.

Ta dawo tana murza bakin zane.

"Me ya ce?"

"Ya ce, Inna ce ta faɗa, ko ke ce kike so in ci?"

"Ba ki ce ni ce ba?"

"Na ce. Ya ce in Inna ce, ai tana nan, taku biyar."

Wannan taurin kai ban san inda ya gado shi ba.

Da aka kawo abincin rana na shige ɗaki na saki asabari don ya sake. Na leƙa ta tsakanin kara. Bai zare hannun ba, tsoron Baƙo ya hana. Bai kuma taɓa da hagu ba. Sai ya jawo akushin kan gwiwarsa, ya sunkuyar da kai har ƙirji, yana tsintar loma da yatsun da ke rataye, hannun na karkacewa cikin kara. Talatu ta ce bari ta ba shi a baki, ya dubi ƙofata ya ce a'a. Loma uku ya yi ya ture.

Namiji ɗan shekara ashirin da tara.

Asabar, 19 ga Rajab, bayan Azahar

Zan rubuta wannan yadda ya faru, ba ƙari.

Da hantsi aka buga gangar gari. Maza suka fita da gudu zuwa kafi, shi ma ya tashi ya bi su. Daga baya aka gane makiyaya ne suka koro shanu, ba abin da ake tsoro ba. Amma a turereniyar ƙofa tsirin rawanin ya tsinke. Yaya Yero ya dawo da shi yana tallafe da hannun a tafinsa kamar ƙwai, yana ta faɗa. Allah ya sa karan bai motsa ba.

Talatu ta shiga ɗaki ɗaki neman ƙyalle. Wannan ta ce zanenta ke nan ɗaya, waccan ta kawo tsumma. Hansai ta fara kwance ɗankwalinta.

Na shiga ɗaki na sauko da littattafan mahaifina. Na kwance abin da suke ciki na jera su a kan buzu tsirara. Saƙi ne, baƙi da ratsin fari, faɗinsa ya kai kamu ɗaya da rabi, duk shekarun nan ko zare bai zare ba.

Da na fito Hansai ta dafe ƙirji. "La ilaha! Safiya, wannan ba majanyin da kika goya..."

Na ce, "Rufe bakinki."

Karo na farko tun da na san ta, ta rufe.

Taku biyar ne, na ƙirga. Ya yunƙura zai durƙusa, na ce, "Zauna." Har mai daka ta tsaya da taɓarya a sama, don ba wanda ya taɓa jin na yi masa magana kai tsaye.

Na shimfiɗa majanyin a ƙirjinsa, na kwantar da hannun a ciki tun daga gwiwa har tafi. Na naɗe kusurwar bayan gwiwa na soke don kada ta zame. Na ɗaga har yatsunsa suka fi gwiwa da kamar faɗin tafi. Na zagayo da bakin biyu, na ƙulla a gefen wuya, a ramin da ke saman ƙashin kafaɗa, na sa auduga inda tsiri ya ci. Na bar kan yatsu huɗu a waje, na matsa farcen ɗaya ya yi fari, na saki jini ya dawo. Wuyansa ya rame, ƙashi duk ya fito.

Na ce, "Ya yi tsauri?"

Ya ce, "A'a, Inna." Muryar kamar ta wani.

Na ce Talatu ta kawo tuwo. Na karɓa, na ajiye masa ta hagu.

"Ci."

Ya dubi akushi, ya dubi ƙasa.

"Da hagu. Ni na ce, da bakina. Allah bai kallafa maka abin da ba ka iyawa ba, ni ma na janye nawa. In ka sake zare hannun nan don Liman, ko don sarkin gari, ko don ni, ban yafe ba."

Ya yi bisimilla ya sa hannu. Na zaci zai yi ta zubarwa. Ina! Ya yanko loma, ya mulmula, ya dangwala miya, ko ɗigo bai zuba ba, kamar jiya ya bari. Shekara ashirin da uku hannun nan yana jira.

Ya cinye tas. Hansai ta ce, "A ƙaro wa bahago!" Aka yi dariya. Ni ban yi ba. Na koma ɗaki na saki asabari, na daɗe ban fito ba.

Lahadi, 20 ga Rajab, da hantsi

Kowa na cewa littattafai na koma ɗaukowa ranar nan. Yaya Yero yana da irinsu duka, da hannun mahaifinmu ma. Na bar su a kan haka, ban ce majanyin na koma wa ba.

Shekara biyu kaɗai aka bar mini yaron a baya kafin kakarsa ta ɗauke.

Hannun nan shi ya ɗaga ya tare abin da aka nufo kaina da shi. Ba zan sake rubuta wannan ba.

Laraba, 23 ga Rajab, bayan Asuba

Kumburi ya saɓe. Kullum bayan sallah nakan fita in kwance, Talatu ta tallafe, in sake ɗaurawa. Yatsu sama da gwiwa, ƙulli a gefe. Ina sa shi ya motsa yatsun sau goma a gabana. In zai kwanta a jingina masa buhun ƙaiƙayi a baya, don kada ya mirgina kan hannun.

Na ce wa Talatu laifin kumburin farko ba nata ba ne duka. Ta ce, "Ba komai, Inna." Yarinyar tana da hankali. Na ba ta rabin gorona.

Jumma'a, 25 ga Rajab, bayan Azahar

Liman ya shigo dubiya ya miƙa hannu. Na ga kafaɗar mijin Talatu ta motsa. Daga bakin ƙofa na ce, "Allah gafarta Malam, a yi haƙuri, hannun a ɗaure yake, ni na hana."

Liman ya ce, "Ai da tun farko aka hana, Malama. Ni kaina ranar nan da na kama hannun sai da gabana ya faɗi."

Da ya faɗa tun ranar. Mutane sai su ga abu su yi shiru don kara, abin ya lalace, sannan kowa ya ce ya gani.

Talata, 29 ga Rajab, da La'asar

Hayaƙi kuma ta yamma. Fanta ba labari.

Litinin, 5 ga Sha'aban, da hantsi

Baƙo ya zo dubawa. Ya zagaya mijin Talatu sau biyu, ya sa yatsa ƙarƙashin ƙullin, ya ja kusurwar gwiwa bai iya zare ta ba.

"Wa ya yi wanga?"

Hansai ta ce, "Uwar hukunci."

Ya ce, "Malama, ki zo Yasore mu raba aiki. Ni ɗori, ke rataya."

Na ce, "In ka fara sallah na zo."

Ya yi dariyar nan tasa har kaji suka watse. Ya ce ƙashi ya fara kamawa, amma yanzu ne haɗarin, don in zafi ya tafi mutum sai ya manta. Na ce ba a gidan da nake ba.

An kawo mini wata mata da ta faɗo daga jaki, an rataye mata hannu da igiya a wuyan hannu kawai, yana lilo kamar guga. Na gyara, na yi wa danginta faɗa. Mutane suna ganin rataya ƙaramin abu ne. Maɗori sa'a ɗaya yake yi ya tafi, ƙyallen nan shi ke kwana arba'in da mutum.

Asabar, 10 ga Sha'aban, bayan La'asar

Na kama shi a bayan rumbu yana gwada riƙe ƙotar hauya da yatsun dama. Ban aiki kowa ba. Na tsaya kawai. Ya ajiye.

Ya ce, "Ciyawa ta ci gonar, Inna."

Na ce, "Ta ci. Ciyawa kwana goma sha biyar ce, hannu na shekara arba'in ne. Talatu da 'ya'yan kawunka suna nomewa."

Sannan ya ce, "Inna, wannan ƙyallen, gaske ne abin da Gwaggo Hansai ta ce?"

Na ce, "Gyara gwiwarka, ta zame."

Ba ta zame ba.

Alhamis, 15 ga Sha'aban, da Magariba

Wasu sun leƙa Tsaskiya sun dawo. Rumbunanmu babu, ɗakuna biyu suna tsaye. An ce an ga mai kama da Fanta a Safana, wasu sun ce ba ita ba ce. Na sa ta a addu'a. Saura kwana goma.

Lahadi, 25 ga Sha'aban, bayan Azahar

Kwana arba'in sun cika. Baƙo ya iso tun hantsi, gidan duk aka taru. Ya ce ni zan kwance ƙullin tun da ni na ƙulla. Na kwance. Ya yanke zaren karan ya buɗe. Hannun ya motse, fatar ta yi fari tana saɓa, amma miƙaƙƙe ne kamar ɗan'uwansa. Baƙo ya bi ƙashin da yatsa tun daga gwiwa har ƙasa, ya ce ya juya tafi sama, ya juya ƙasa, ya dunƙule. Sannan ya miƙa masa hauya. Ya kama, ya ɗaga ta daga ƙasa.

"Kwana bakwai ƙwarya kawai za ka ɗauka," in ji Baƙo. "Bayan nan ciyawa mai taushi. Kafin maimai, noma na biyu, ya ƙare kana cikin gona."

Talatu ta rangaɗa guɗa, Hansai ta taya ta. Ban hana ba.

Da mutane suka watse ina zaune a bakin ƙofa, sai ga shi ya ninke majanyin, ya tako taku biyar ɗin nan, ya durƙusa ya miƙo mini. Da hagu. Sai da hannun ya iso gabana ya farga, ya daskare, ya fara ja da baya zai sauya.

Na karɓa kafin ya sauya.

Ban mayar da shi kan littattafai ba. Na ba Talatu ta wanke ta adana, don na lura wata biyu ke nan ba ta son warin daddawa, ko da yake ba a gaya mini ba, ni ma ban tambaya ba.

Takarda ta kusa ƙarewa, saura wurin layi kaɗan.

Ya'u. Sunansa ke nan. Na rubuta, na jira, tawadar ta bushe kamar kowace tawada.

Nan da kwana bakwai zai koma cin tuwo da dama, lalura ta wuce. Na kira Talatu zan ce ta gaya masa, da ta zo na ce ta je abinta. Na tashi na gaya masa da kaina.